Gurbi Takwas a Littafin Malam Tamba

Duk wanda ya saba bin hanyar fadama daga Argungu da sassafe ya san Malam Tamba Riskuwa. Dogo ne siriri, kullum wandonsa a naɗe zuwa gwiwa, da wani littafi mai baƙin bango cikin leda a hammatarsa. Idan ya isa bakin gulbi sai ya jingine kekensa jikin wata tsohuwar kanya, ya gangara ya tsaya gaban wata doguwar sandar ƙarfe da aka kafa cikin ruwa, mai lambobi a jikinta irin na tef ɗin tela. Ya duba inda ruwa ya tsaya, ya rubuta. Bakwai na safe, biyar na yamma. Aikinsa ke nan, kuma gwamnati ce ta ɗauke shi ta ba shi. A ƙarƙashin wannan kanyar na zauna da shi yamma uku a jere, ya ba ni labarin abin da ya same shi a daminar bara.

Mahaifinsa masunci ne. Shi kuwa ya gama firamare bai wuce nan ba. Wata shekara wasu ma'aikata suka zo daga birni da na'urorinsu suna auna gulbi, suna neman mai tuƙa musu jirgi wanda ya iya karanta lamba. Ya tuƙa su kwana goma sha biyu. Ranar da za su tafi suka kafa sandar, babbansu ya miƙa masa littafi ya ce, “Safe da yamma. Kada ka rubuta abin da aka gaya maka, sai abin da idonka ya gani.” Bayan wata uku takardar ɗaukar aiki ta iso.

Shekara talatin da huɗu ke nan. Ranar ɗaurin aurensa da Kulu ya je gulbi kafin a taru. Ranar da aka binne mahaifinsa da la'asar, ya dawo daga maƙabarta ya ɗauki keke. Idan lambobin sanda suka dushe yakan sayi fenti ya sake zana su, bai taɓa tambayar wa zai biya ba. Manoman shinkafa da na albasa ba su san wace ma'aikata yake yi wa aiki ba, abin da suka sani shi ne idan suka haɗu da shi a hanya za su ce, “Malam Tamba, ƙaƙa ruwa?” ya ce, “Ya ƙaru da yatsa uku,” ko “Shina nan inda yake jiya.” Da wannan suke sanin ranar da za su ɗauke injunan ban ruwa daga gaɓa. Taubashinsa Hodi, wanda gonarsa ke kusa da wurin, ya raɗa masa suna Gwamnan Gulbi.

Ƙarshen kowane wata yakan kwafe lambobin a takarda, ya sa a ambulan, ya haɗa da ƙunshin busasshen kifi, ya kai tasha ya ba direban Birnin Kebbi. Ba ofis ake kai saƙon ba. Tun farko motar takan isa bayan an tashi aiki, don haka sai direba ya wuce da shi gidan Malam Toma, akawun sashen nasu, mutumin kudancin Kaduna wanda ya girma a Birnin Kebbi. Direbobi sun canza sau da yawa, amma kowane ya gaji sanin gidan daga na gabansa. Da Malam Toma ya yi ritaya shekara goma sha ɗaya da suka wuce, Tamba ya buga masa waya ya ce, to yanzu wa zan aika wa? Toma ya ce, “Ci gaba da aikowa, zan riƙa kai musu kafin a naɗa wani.” Tun daga nan duk Sallah da Kirsimeti sukan gaisa. Tamba ya ce, “Takardu sun iso?” Toma ya ce, “Sun iso.”

Wata Alhamis a cikin watan Agusta 'yarsa Sakinatu, wadda ke koyarwa a firamare, ta shigo gida ko sallama ba ta gama ba, ta miƙa masa waya.

“Baba, ka ga wanga?”

Hoton wata takarda ce da aka manna a allon sanarwa na ma'aikatarsu. Sabon shugaba ya kai ziyarar ba-zata ranar Litinin, ya sa aka rufe ƙofa, aka kira suna ɗaya bayan ɗaya. Mutum arba'in da uku ba su amsa ba. An ce su bayyana gaban kwamitin ladabtarwa, wanda aka samu da laifi za a kore shi. Na goma sha bakwai shi ne Tamba Riskuwa, Sashen Ajiyar Fayil, kuma an ƙara a gaban sunan da biro: babu wanda ya san shi.

Ya sa ta karanta masa sau uku. Sannan ya ce ko akwai wani Tamba Riskuwa a jihar. Sakinatu ta ɗauko katinsa na aiki, suka gwada lamba. Tasa ce.

Kulu ta ajiye tsintsiya. “Kai? Kai da ran da zazzaɓi ya kada ka sai da anka goya ka bisa mashin zuwa gulbi? Mi ne kuma ajiyar fayil?”

“Shi ne ban sani ba,” in ji shi.

Saura wata goma ya yi ritaya. Ya ce da ni ba fanshon ne ya fara zuwa masa rai ba, ko da yake ya zo daga baya. Abin da ya fara zuwa shi ne kalmar da za a rubuta a ƙarshen fayil ɗinsa: an kore shi saboda gudun aiki. Washegari a masallacin Juma'a ya lura waɗanda suka saba tsayawa su tambaye shi ruwa sun gaishe shi a gajarce. Hoton ya riga ya zagaye gari. Hodi ne kaɗai ya tare shi a bakin ƙofa, yana dariya har da riƙe ciki.

“Ashe ma'aikacin bogi kake! Shekara talatin muna gaishe da fatalwa ba mu sani ba!”

“Fatalwar ce ka hana injinka nutsewa,” in ji Tamba. Amma bai iya yin dariyar ba.

Ranar Litinin ya duba ruwan safe, ya rubuta, ya shiga mota. Daga tasha ɗan kabu-kabu ya kai shi ma'aikatar. Wani akawu matashi ya ba shi takardar tuhuma, ya nuna masa benci, ya kuma buɗe masa wata babbar rajista.

“Kwamiti yana ganin mutum huɗu a rana. Kafin a zo kanka, za ka sa hannu nan takwas na safe da huɗu na yamma. Wanda ya tsallake ko sau ɗaya, ya amsa laifinsa ke nan.”

“Amma ɗana, biyar na yamma ina da aiki.”

“Aikin me, Baba?”

“Aikin gwamnati.”

Akawun ya ɗago kai ya dube shi. “To nan ina ne?”

Malam Tamba ya zauna a benci yana lissafi. Idan ya sa hannu da huɗu, sai ya je tasha, sai mota ta cika, ba zai ga gulbi ba sai bayan magariba, lokacin da ba a ganin lamba. Idan ya duba ruwa da bakwai, ba zai riski rajista da takwas ba. Ya juya lissafin ta kowace fuska, bai fita ba. Da huɗu ta yi ya sa hannu. Da biyar ta yi yana tsaye a bakin titi da littafinsa a hammata, ya ce ji ya yi kamar ya manta wata salla bai san wacce ba.

Gidan Malam Toma ya nufa, don a ransa maganar mai sauƙi ce: Toma zai faɗi wanda yake miƙa wa takardun, shi kuma ya yi shaida. Toma ya tsufa, yana dogara sanda. Ya rungume shi, ya zaunar da shi, matarsa Roda ta kawo ruwa. Da Tamba ya gama bayani, Toma ya juya wajen matarsa.

“Roda,” ya ce, “jawo jakunkunan nan.”

Ta jawo manyan jakunkuna biyu daga ƙarƙashin gado. Cike suke da ambulan, an ɗaure na kowace shekara da zare, babu wadda aka buɗe.

“Wata huɗu ina kai musu,” in ji Toma. “An haɗe sashenmu da wani, an raba mutanen. Wannan ya ce ba teburinsa ba ne, wancan ya ce in dawo jibi. Na ƙarshe ya ce in ajiye za a nema. Na ajiye.”

“Amma kullum na tambaye ka, kana cewa sun iso.”

“Ai sun iso ɗin.”

“Kifin ne ya rufe masa baki,” in ji Roda daga bakin ƙofa.

“Ke yi shiru! Wa ke cinye kan kifin?” Ya juyo ga Tamba, muryarsa ta sauka. “Na ɗauki waya ba sau ɗaya ba. To in ce maka me? In ce shekarun nan ba wanda ke karantawa? Na ce wata rana za su nema, kuma ran da suka nema gara a same su a cike.”

Tamba ya ɗauki ƙunshi ɗaya, ya ga rubutun hannunsa na shekarar da aka aurar da Sakinatu. Bai san ko fushi ya kamata ya yi ko godiya ba. Ya ce har yau bai yanke ba. A gidan ya sauka.

Talata da Laraba da Alhamis a benci ya yi su. Mutanen bencin sun san juna, kuma sun san abin da ya kawo su. Wani yana da shagon siminti. Wani ya tafi garin Gulma cirar shinkafa ya daɗe. Akwai wani mai fara'a, Sunusi, wanda ke safarar albasa, shi ke koya wa kowa abin da zai faɗa.

“Baba, kai mi za ka ce musu? Ciwon baya ya fi sauƙi, ba a ganinai. Akwai mai yi maka takardar likita nan bayan kasuwa.”

“Lahiyata lau.”

“To rasuwa. Wa ya rasu maka?”

“Ni ban yi fashi ba. Ina wurin aiki.”

“Haka kowa ka cewa. Tun yaushe rabonka da wanga ofis?”

“In ban da tantancewa, ban taɓa zama cikinai ba. Sun ce shekara goma sha ɗaya ina wani sashe.”

Sunusi ya miƙe tsaye ya cire hula. “Jama'a ku gaishe da malaminmu! Ni wata biyu kawai na yi anka kama ni. Baba, don Allah ka ɗauke ni ɗalibi!”

Benci ya ɗauki dariya. Har shayi suka saya masa. Ya ce wannan girmamawar ta fi zagi ciwo, amma ya sha, don ba a mayar da alheri.

Ranar Laraba aka yi ruwa kamar da bakin ƙwarya. Da yamma Hodi ya bugo waya, babu wasa a muryarsa.

“Gwamna, ruwa ya taho. Ina gaban sandarka yanzu. Ya wuce jan fentin nan da ka yi bara, da kamar tahin hannu. Rubuta.”

“Ɗauke injinka tukuna.”

“Na ɗauke, bayan ya sha ruwa ya ƙoshi. Rubuta mana!”

Tamba ya buɗe littafin a kan gwiwarsa, ya riƙe biro. Ya san jan fentin, ya san tafin hannun Hodi, zai iya fitar da lambar ba kuskure. Ya rufe littafin.

“Ba ni na gani ba,” ya ce.

“Kai dai Allah shi shirye ka,” in ji Hodi, ya kashe.

Ranar Juma'a da safe aka kira shi. Malam Toma ya yi shigarsa ta zuwa coci, shi da Roda suka ɗauko jakunkunan a keke mai ƙafa uku. Mutum uku ne a kwamitin: shugabar, Hajiya Zakiyya, mace mai tabarau da magana a hankali, sai maza biyu, ɗaya mai ƙiba ɗaya mai furfura. Da aka zuge jakar farko ƙanshin busasshen kifi ya cika ɗakin, mai ƙibar ya tashi ya buɗe taga.

Tamba ya yi bayaninsa. Toma ya yi nasa. Hajiya ta buɗe ambulan uku daga shekaru daban-daban, ta bi lambobin da yatsa, ta gwada da littafin.

“Wannan ya nuna ƙarara ba ya zuwa ofis,” in ji mai ƙibar.

“Wannan ya nuna ƙarara yana wurin aiki,” in ji mai furfurar.

“Wane aikin? An soke wannan muƙamin tun kafin in zo ma'aikatar nan.”

“To albashin me ake biyan sa?”

“Na ajiyar fayil.”

“Ya taɓa ajiye fayil?”

Suka juyo tare suka dubi Tamba. Ya ce bai taɓa ba, amma in an nuna masa zai gwada.

Hajiya ta ɗaga hannu. “Malam, wa ya ce ka ci gaba da awon?”

“Ba kowa, ranki shi daɗe.”

“Wa ya ce ka daina?”

“Ba kowa.”

Ta jawo fayil ɗinsa, siriri ne ga mutumin da ya yi shekara talatin da huɗu. Ta yi ta juya shafi, sannan ta tsaya. Ta ɗago takardu biyu iri ɗaya, maƙale da juna da allurar da ta yi tsatsa. Wasiƙar mayar da shi Sashen Ajiyar Fayil ce. A kan ɗaya an rubuta kwafin ofis, a kan ɗayar an rubuta kwafin ma'aikaci. Duka biyun suna nan.

Mai ƙibar ya koma ya zauna.

Ba su daɗe suna shawara ba. Hajiya ta ce ba a hukunta mutum kan wasiƙar da ba ta bar fayil ba. Za a cire sunansa daga jerin, kuma ta sa aka buga takardar wankewa nan take, ta sa hannu, ta ce wannan kam a tafinsa za ta sa ta da kanta. Ta karanta masa: kwamiti ya gano cewa ma'aikacin bai taɓa yin fashin aiki ba.

“To yanzu ina za ni, ranki shi daɗe? Gulbi ko fayil?”

Ta dubi na damanta, ta dubi na hagunta. “Koma inda kake kafin a rubuto maka.”

“Takardun wata fa, wa zan aika wa?”

Mai furfurar ya yi gyaran murya. Mai ƙibar ya duba agogo. Hajiya ta cire tabarau ta goge.

“Ci gaba da aika wa Malam Toma,” ta ce, “kafin a naɗa wani.”

Roda ta sa gefen mayafi ta toshe bakinta. Amma Tamba bai tashi ba. Ya buɗe littafinsa ya tura mata a kan tebur, ya nuna shafin ƙarshe. Daga yammacin Litinin zuwa safiyar Juma'a, gurbi takwas, fari fat.

“Akwai gyara ga takardar, ranki shi daɗe. Kin ce ban taɓa fashi ba. Ga shi na yi, kwana huɗu. Kuma cikinsu ne ruwa ya taho.”

“Malam, waɗannan kwanakin su kaɗai ne muke da shaidar ka zo aiki. Ga sa hannunka a rajista.”

“To ran da nike aiki kun ce ban zo ba, ran da ban yi aiki ba kun ce na zo.”

“Haka takarda ta nuna.”

“Wace ce gaskiya cikinsu?”

Hajiya ta rufe littafin a hankali ta miƙa masa da hannu biyu. “Ka yi sauri, Malam. In ka samu mota yanzu za ka riski na yamma.”

Ya riska. Ruwa ya haura har saiwar kanya, sai da ya shiga zuwa ƙugu kafin ya ga lambar. Sakinatu ta ɗauki hoton takardar wankewar ta tura ko'ina, ko da yake bai yi gudun da na farko ya yi ba. Kulu ta sa ta cikin leda ta ajiye a ƙasan akwati. Mutane suka koma tambayarsa ruwa. Har yau ba a rubuto masa ba, kuma ƙarshen wannan watan zai yi ritaya.

Hodi da wasu manoma biyu sun same shi washegarin dawowarsa. Sun ce kowannensu ya ga ruwan a waɗannan kwanaki, ga ma alamar laka a jikin kanya, su haɗa kai a cike gurbin, wa zai sani? Hodi ya ce ko don kada littafin Gwamna ya zama mai giɓi kamar bakin tsohuwa.

Na tambaye shi ko ya cike. Ya ciro littafin daga leda, ya lasa yatsa ya juya baya zuwa watan Agusta, ya miƙo mini. Gurbi takwas ɗin ba fari ba ne yanzu. A kowane ɗaya, da ƙaramin rubutunsa mai tsabta, ya rubuta: mai awo bai zo ba.

“Haka na kwahe na aika wa Toma,” ya ce. “In sun nema, su gani.”

Ya karɓi littafin, ya dubi rana, ya ƙara naɗe ƙafar wandonsa.